Ramuka Uku a Hanyar Burtsatse

Ranar wata Talata da sassafe, a shekara ta biyu da kafa shari'a, aka wayi gari a Kwarin Gawo babu kan famfon burtsatse. Hannun da ake bugawa, da murfin, da sarƙar ciki, duk an kwance an tafi da su. Bututu kawai aka bari a tsaye cikin siminti, baki a buɗe kamar na mai hamma.

Iya Haulatu ce ta fara gani. Shekara da shekaru ita ke riga kowa zuwa ɗiban ruwa, don ba ta son layi, ba ta kuma son hira. Ta ajiye tulunta, ta ɗora hannu a ka, ta yi ta salati har unguwa ta fito. Kafin rana ta ɗaga duk garin yana wurin, maza da mata da awaki, kowa na tattake ƙasa yana ba da shawara.

Rijiyar nan ita kaɗai ke ba da ruwa tsakaninmu da Sandamu. Gwamnati ta haƙa goma sha ɗaya a yankin cikin shekara guda, goma suka mutu tun fentin allunansu bai koɗe ba. Tamu ta rayu ne saboda mutum ɗaya, Jafaru bakanike, mai gyaran kekuna da injin markaɗe. Shi ke shafa wa famfon giris duk ranar Litinin, ba wanda ya sa shi. To, da aka rasa ɓarawo, sai aka tuna jiya Litinin ce.

"Wa ya san yadda ake kwance shi in ba shi ba?" in ji wani daga baya.

"Jiya da la'asar na gan shi a nan da sifana," in ji wani.

"Ni dama tun da daɗewa ban yarda da shirun nan nasa ba," in ji na uku, wanda da ruwan famfon ya yi alwalar asuba.

Kafin hantsi an kamo Jafaru an zaunar da shi a zauren Maigari Kalilu. A lokacin mutanenmu sababbin shiga ne a shari'a, kowa ya zama alƙali. Mutanen da ba su iya shafar kai daidai ba suna tsaye a ƙofar zaure suna gardamar inda za a yanke, ko daidai wuyan hannu ko sama kaɗan. Liman ya ce akwai magana a kan kayan jama'a, ba haka ake yanke hannu da garaje ba. Ba wanda ya saurare shi, don bai faɗi abin da ake son ji ba. Maigari ya ce bayan la'asar za a miƙa Jafaru gaban alƙali. Shi kuwa Jafaru yana zaune a kan tabarma, ya ɗora hannun damansa a cinya, baƙi ƙirin da giris, yana kallonsa.

*

Mutum ɗaya ne a taron nan bai shiga gardamar ba, yana ta leƙen jama'a ta cikin kyamara. Shi ne Zakiyyu, wanda ya ce a riƙa kiransa furodusa. Kwanansa huɗu a garinmu, shi da direbansa Kabiru, an sauke su a gidan malaman firamare can ƙarshen gari. Yana sanye da wata falmaran mai aljihu goma sha huɗu. Na ƙirga su tun ranar da ya zo, na kuma lura uku kawai yake sa hannu a ciki.

Na san shi tun yana ɗaukar bidiyon biki a Daura, lokacin ina masinja a ofishin gandun daji. Daga biki ya koma yi wa wani shugaban ƙaramar hukuma fim a kan rabon takin zamani: buhuna a jere, manoma na dariya. Da aka sauke shugaban, sai ya ɗauko hotunan nan dai, ya canza kiɗan da muryar mai bayani, fim ya zama na yadda aka cuci manoma. Abin mamaki, dariyar tasu ma sai ta koma kamar ta takaici. Na kwana biyu ina tunanin yadda haƙoran mutum ɗaya za su faɗi magana biyu. Daga nan ya yi na dashen itatuwa a kan iyaka, aka nuna a talabijin, aka ba shi lambar yabo. Tun daga ranar ya daina gaida manya da hannu biyu. Yanzu kuma wata ƙungiya daga waje ta ba shi aikin fim a kan tsarin gwamnati na ruwan sha a karkara, shi ya kawo shi wurinmu.

*

Matar Jafaru, Murja, ba ta yi kuka ba. Ta yafa gyale ta zo ta same ni a gindin tsamiya.

"Baba Maharazu, abokinka nake so."

"Ai ya daina bin sawu, Murja. Turare yake sayarwa."

"Na sani. Ka ce masa bayan la'asar za su tafi da shi."

Maiturare sa'ana ne, rana ɗaya aka yi mana kaciya. Shekara talatin yana bin sawun shanun sata, daga Baure har cikin Nijar. Da ɓarayi suka koma loda shanu a mota, ya ce shi ba zai bi taya kamar kare ba, ya rataya akwatin turare. Dogo ne, siriri, ba ya kallon fuskar mutum, ƙafa yake kallo. An ce bai san kamannin surukinsa ba, amma ya san yana jan ta hagu.

Na same shi a unguwarsu yana ɗura turare a 'yan kwalabe. Ya saurare ni har na gama, ya toshe kwalbar da ke hannunsa.

"Mutum nawa suka je bakin rijiyar?"

"Duk gari."

"Kai ma?"

"Ni ma."

"Tsufa bai ƙara maka komai ba," ya ce, ya jawo takalmansa.

*

Da muka isa, ya tsaya nesa da simintin, ya dubi ƙasar da aka dame kamar wurin sussuka.

"Wane ne bai taka nan ba?" ya tambaya. Ya yi tsaki. "Jakuna sun fi ku. Su layi ɗaya suke bi."

An yi yayyafi a daren, ya ɗauke daidai ana sallar asuba. Maiturare ya ce ruwan ya share sawun wanda ya kwance ƙarfen, mutanen gari kuma sun share sauran. Ya zagaya simintin sau biyu, ya tsinci noti ɗaya a cikin magudana, ya jefa a aljihu.

A nan Zakiyyu ya matso, ya kafa ƙarfen nan nasa mai ƙafa uku, ya ɗora kyamara.

"Baba, ɗan koma can ka sake tahowa. Ka sunkuya kamar kana nema."

"Nema nake yi."

"Eh, amma bai fito kamar kana nema ba."

Maiturare ya dubi kambas ɗin da ke ƙafarsa. "Kai ne mai hoton?"

"Furodusa."

"Yaushe ka zo nan yau?"

"Salatin tsohuwar nan ne ya tashe ni daga barci. Na suri kaya na rugo. Aikinmu ke nan, Baba, mu ne idon talaka."

"Allah ya ba talaka lafiyar ido," in ji Maiturare, ya wuce.

A zaure ya miƙa wa Jafaru notin. Jafaru ya juya shi, ya ɓata fuska kamar an nuna masa yaron da aka daka.

"An cinye gefensa da filaya. Ni ko a mafarki ba na kama noti da filaya, Baba."

"Ɓarawo ma yakan yi dabara don kada a gane shi," in ji Maigari Kalilu daga kan kujera. Mutanen bakin ƙofa suka ce gaskiya ne, ranka ya daɗe.

*

Samari suka zo da labarin sun ga sawun babur a bayan masallaci, ya nufi arewa, tayar baya ta nutse alamar kaya mai nauyi. Kowa ya ce shi ke nan, an miƙa wa wani ya tsallaka da shi Nijar ta Mai'adua. Muka bi, samari na gaba suna ta nuna wa Maiturare abin da shi ya fi su gani. Bai yi nisa ba ya tsaya, ya nuna ƙasa da yatsan ƙafa.

"Ƙarfen famfo yana kashi?"

Duk inda babur ɗin ya faɗa rami, akwai 'yan ƙwayoyin kashin tunkiya a watse. Rago ne ƙanin Maigari ya ɗaure a baya ya kai wa surukansa. Samarin suka juya ba sallama.

Sai kuma aka tuna da Sylvanus, Inyamurin da ke sayar da kayan gyara a Sandamu. Wani ya rantse ya taɓa ganin kan famfo a shagonsa. Muka hau acaɓa ni da Maiturare muka je. Shekararsa ashirin a garin, Hausarsa ta fi ta wasu 'ya'yanmu da suka je makarantar kwana. Ya ji abin da ya kawo mu, ya shiga ciki ya jawo wani tsohon kai da tsatsa ta cinye, gizo-gizo ya yi saƙa a bakinsa.

"Ga shi nan, Baba. Shekara uku yana tare mini hanya. In kuna so ku ɗauka."

"Ba shi ba ne," in ji Maiturare. Bai ko taɓa shi ba.

"Ai na sani. Amma bari in tambaye ka. Daga nan zuwa Baure akwai burtsatse goma da suka mutu, kawunansu suna tsaye a daji, ba mai gadi sai ƙadangaru. In ni ɓarawo ne, zan bar goman nan in je in ɗauki wanda duk gari ke kallo? Wa ma zai saya? Wanda ya yi wannan ba ƙarfe yake so ba."

"Me yake so?"

"Wannan kuma aikinka ne. Ni noti nake sayarwa. Amma ku gaya wa Maigari, in ya taɓa hannun Jafaru, ya fara koyon shan ruwan tafki."

A hanyar dawowa idon Maiturare na kan ƙasa. Ni kuwa ina ta tunanin kawuna goman nan a daji, kowanne da hannu ɗaya a miƙe, kamar masu jiran a gaishe su.

*

Azahar ta wuce muka sallama gidan Iya Haulatu. Tana tsinke zogale, ranta a ɓace.

"Ni ban ga kowa ba. Na zo, babu, na yi salati. Sai wancan mai aljihunan ya sa na maimaita har sau uku, wai hannuna bai hau kai sosai ba. Shekara saba'in ina ɗora hannu a ka, yau aka ce ban iya ba."

"Ta wace hanya kika je, Iya?"

"Ta bayan gonar gero. Kullum ta nan nake bi, don kada in haɗu da masu gaisuwa."

"Ta nan kika dawo?"

"Ina fa. Mata suka riƙo ni ta cikin gari kamar wadda aka yi wa mutuwa."

Maiturare ya ɗauki silifanta na hagu ya duba. An yi wa dunduniyar faci da robar taya. Ya mayar, ya ce ta ara masa ƙwarya uku.

Hanyar bayan gona 'yar siririya ce, tana fitowa bakin rijiya ta yamma, kusa da wata aduwa. Taron gari bai bi ta nan ba. Ƙasar tana nan lumui yadda yayyafi ya bar ta, sai sawun tsohuwar jere guda, da na wata kurciya. Maiturare ya sa ni na bi ta kan ciyawa. Muna dab da aduwar ya tsaya cak, ya tsuguna.

Ramuka uku ne a ƙasa, kowanne kamar an soka babban yatsa, tsakaninsu taki guda, sun yi kusurwa uku kamar duwatsun murhu. Ni da na gani daɗi ya kama ni. Na taɓa ganin ɗan maraƙi mai ƙafa biyar a kasuwar Mai'adua, amma ban taɓa jin halitta mai ƙafa uku ba. Har na fara tunanin ko wani tsuntsu ne da ke sauka da damina.

"Maiturare, wace dabba ce wannan?"

"Irin wadda ake ba lambar yabo," ya ce. "Dubi na nan."

Biyu daga ramukan bakinsu a kaifafe yake, busasshen yashi daga ciki ya zubo a gefe. Na ukun kuwa rabinsa ya rufta, kuma a kansa akwai dunduniyar silifa mai facin taya. Ya kifa ƙwarya a kan kowanne, ya danne da dutse. Ya ce in zauna a nan in kori awaki, in kuma na taɓa ƙwaryar don son ganin abin mamaki zai karya mini yatsa.

*

Ana idar da la'asar aka jawo motar haya ƙofar Maigari don a tafi da Jafaru. Maiturare ya ce kafin nan a zo a ga wani abu. Maigari ya yi tsaki, amma son kallo ya fi ƙarfinsa. Aka taho da Jafaru tsakanin samari biyu, ga Liman, ga Iya Haulatu, ga Murja a baya, har Sylvanus ya rufe shago ya zo a kan babur. Zakiyyu na gaba da kowa, direbansa Kabiru na biye da shi ɗauke da ƙarfe mai ƙafa uku.

Maiturare ya ja layi a ƙasa da sanda, ya ce wanda ya tsallaka shi ne ɓarawo. Kowa ya tsaya. Ya ɗage ƙoren.

"Direba, kawo sandunan maigidanka."

Kabiru ya dubi Zakiyyu. Zakiyyu ya yi dariya ya ce a ba shi, tsoho na son wasa. Maiturare ya buɗe ƙafafun ƙarfen, ya sauke su a hankali. Biyu suka faɗa ramuka biyu kamar an auna. Ta ukun ta tsaya daidai kan dunduniyar Iya Haulatu.

"To sai me?" in ji Zakiyyu. "Kwanana huɗu ina ɗaukar hoto a nan. Jiya na kafa shi."

"Ramin jiya ya sha ruwa, bakinsa ya mutu. Wannan an soka shi bayan ruwa ya ɗauke, ga busasshen yashi nan da ya fito. Ruwa ya ɗauke ana sallar asuba. Iya ta wuce nan sau ɗaya, ta taka ramin. Mutum ba ya taka ramin da ba a yi ba. Ka tsaya a kan ciyawa ka kafa a nan tukuna, ka ga kana kan hanyarta, ka matsa bayan aduwa. Ka ce salatinta ne ya tashe ka daga barci. Wa kake jira a nan da kyamara tun ba ta iso ba?"

Zakiyyu ya sa hannu a wani aljihu da ban taɓa ganin ya taɓa ba, ya fito da shi ba komai.

"Ƙasa ce kawai," ya ce. "Alƙali ba ya karɓar shaidar yashi."

"To mayar da kaset ɗinka na yau farko, mu gani. In na yi ƙarya a yanke nawa."

Da wani ne, da ya ce batir ya mutu. Amma na ga fuskarsa. Tun safe yake neman wanda zai nuna wa abin nan. Liman ya ce a mayar, Maigari ya ce a mayar, ya mayar. Muka cusa kai a kan ɗan madubin kyamarar. Ga bututu tsirara, ga gari bai gama wayewa ba, sama ta yi ja a bayansa, ba kowa a wurin. Zakara ya yi cara. Can sai ga Iya Haulatu ta shigo daga gefe da tulu a ka, tana jan tasbihi, ba ta san komai ba. Ta yi taku shida, ta tsaya. Ban taɓa ganin abu mai kyau irin wannan a talabijin ba, kuma ban taɓa jin ƙyamar abu kamarsa ba.

"Hasken nan minti biyar kawai yake yi," in ji Zakiyyu a hankali.

Kabiru ya ajiye jakar da ke kafaɗarsa. "Kan famfon yana bayan motarmu, ƙarƙashin tamfol. Ni dai an ce in kwance, na kwance. Direba ne ni."

*

Na ɗauka a nan za a rufe Zakiyyu da duka. Amma mai aljihu goma sha huɗu ba ya rasa inda zai ciro magana.

"Ranka ya daɗe, aro na yi, gobe zan mayar. Rijiyoyi goma sun mutu, gaskiya ne ko ƙarya? Na je na ɗauke su. Ba kowa a wurin, mutane sun daina zuwa, sai ciyawa. Wa zai kalli ciyawa a Abuja? Manya ba sa motsi sai sun ga hawaye, hawaye kuwa ranar farko ake yin sa. Na ara muku ranar farko ne. Fim ɗin nan in ya fita, burtsatse uku za a haƙa muku, masu inji. Sunan garinku zai fito, da fuskar Maigari."

"Jafaru fa?" in ji Murja. Shi ne karo na farko da ta yi magana a gaban taron.

"Haba, ai ba zan bari a yanke ba. In an shiga gaban alƙali na ɗauki yadda ake ɗora wa talaka laifin gwamnati, sai in yi bayani."

Na dubi mutanenmu. Waɗanda da safe suke auna wuyan hannu, yanzu kowa ya sunkuyar da kai yana lissafin inda za a kafa burtsatse uku. Maigari ya gyara rawani, ya yi gyaran murya.

"Liman, ɗazu kamar ka ce akwai magana a kan kayan jama'a."

"Na faɗa da safe, ranka ya daɗe."

"To ai ka ji. Kuma mutum ya ce aro ya yi. Baƙo ne, ba a wulaƙanta baƙo." Ya juya. "Jafaru, sai haƙuri, ƙaddara ce. Je ka ɗauko sifanarka ka mayar mana kafin magariba."

Maiturare ya tattara ƙoren Iya Haulatu ya miƙa mata. "Shanun da na bi sun fi garin nan kunya," ya ce da ni, ya kama hanyar unguwarsu. Ko ruwa bai sha ba, dama babu.

Jafaru ya je bakin bututun, ya leƙa, ya jefa tsakuwa ya saurara. Ya ce waɗanda suka kwance ba su riƙe sandar ciki ba, ta suɓuce ta faɗa ƙasa. Maigari ya tambaya ko za ta fito. Ya ce za ta fito, aikin kwana biyu ne ga wanda ya san yadda ake kamo ta. Daga nan ya wuce gida, Murja na biye da shi.

Laraba ba a gan shi ba. Alhamis da safe aka ga amalanke a ƙofar gidansa, an loda injin markaɗe da akwatin sifanu da gadon Murja.

*

Fim ɗin ya fita bayan wata huɗu. Muka kalla a gidan hedimasta da batirin mota. An nuna Iya Haulatu, an nuna bututu, an nuna Maigari yana roƙon gwamnati ta dube mu. Muryar mai bayani ta ce rijiya ta goma sha ɗaya ma ta mutu. A lokacin da muke kallo, maganar gaskiya ce. Zakiyyu ya koma Abuja da zama, na ji an ce yanzu shi ke koya wa matasa aikin. Burtsatse uku ba su zo ba. An ɗauko bakanike daga Daura, ya yi kwana uku yana kamun sanda, ya karya wata ya ƙara a ciki. Matanmu tafki suke zuwa, tafiyar awa guda.

Da kaka Maigari ya aike ni Mai'adua ranar kasuwa, wai ni tsoho ne, Jafaru zai ji kunyata. Na same shi a rumfarsa ya kifa wani babur yana ɗaure sarƙa. Ya tashi ya gaishe ni da hannu biyu, ya sa aka kawo mini fura da ruwa mai sanyi. Na isar da saƙo: gari na ba shi haƙuri, kwana biyu kawai ake roƙo.

Ya goge hannun damansa da tsumma, yatsa bayan yatsa.

"Baba, hannun Kwarin Gawo kun yanke shi ranar Talatar nan, ina zaune ina jin ku. Wannan na mutanen Mai'adua ne."

Ya tsayar mini da acaɓa, ya ce wa mai babur ɗin ya bi da ni a hankali, sannan ya koma kan sarƙarsa.